Abubuwan da ya kamata ka sani game da Lauren Berlant da nazarinta kan farin ciki a ƙagaggun labarai

Mai karanta littattafan hikaya ya saba da hanyar da marubuta suke bi da shi. Jarumi zai sha wuya, ya jure, daga ƙarshe ya auri wadda yake so, ko ya sami aiki, ko gaskiyarsa ta yi halinta, sai a rufe littafi kowa na murna. Lauren Berlant, malamar adabi a Jami'ar Shikago ta Amurka, ta kwashe shekaru tana bin diddigin labaran da suka daina kai mai karatu wannan masauki. A 2011 ta fitar da littafinta mai suna Cruel Optimism, wato fata mai cutarwa. Tambaya ɗaya ce take yawo a cikinsa tun daga shafin farko: me ya sa mutum yake ƙanƙame burin jin daɗin rayuwa alhali burin nan shi ne yake cin sa? Littafin bai tsaya a ajin adabi ba. Masu nazarin zamantakewa da siyasa da harkar ilimi duk sun ɗauke shi suna aiki da shi.

Wace ce Lauren Berlant?

An haife ta a Filadelfiya a 1957. Ta yi digirin farko a Kwalejin Oberlin, ta yi na uku a Jami'ar Cornell, ta fara koyarwa a sashen Ingilishi na Jami'ar Shikago a 1984, kuma a nan ta zauna har mutuwarta ranar 28 ga Yuni, 2021, tana da shekara 63. Littafinta na farko, na 1991, a kan marubucin Amurka Nathaniel Hawthorne ne. Ta bi shi da wasu biyu a 1997 da 2008, dukkansu suna duba yadda so da tausayi da tsoro suke ɗaure mutum da ƙasarsa fiye da yadda doka take ɗaure shi. Tana cikin manyan masu nazarin yanayin zuciya, wato abin da jiki da rai suke ji tun kafin baki ya samo masa suna. Cruel Optimism ya ci kyautar René Wellek ta ƙungiyar masu kwatanta adabi ta Amurka a 2012.

Mene ne fata mai cutarwa?

A wurin Berlant, duk abin da mutum ya ƙwallafa rai a kansa tarin alkawura ne. Saurayin da yake son wata yarinya yana son abin da yake hangen za ta zo masa da shi: natsuwa, mutunci a idon jama'a, gida, zuriya. Haka aikin albashi yake, haka takardar digiri, haka jam'iyya, haka ƙasar da ake mafarkin zuwa. Wannan sa rai ba aibu ba ne, shi ne yake tayar da mutum daga shimfiɗa kowace safiya. Yana zama mai cutarwa ne a lokacin da abin da aka ƙwallafa wa rai ya koma shi ne ya tare hanyar abin da ake nema tun asali.

Ɗauki ma'aikacin da ya kama aiki don iyalinsa su huta, sai aikin ya hana shi ganin iyalin, ya cinye masa lafiya, albashin kuma bai kai ƙarshen wata ba. Ko ɗalibin da ya ci bashi ya yi digiri don ya tsira daga talauci, sai bashin ya zama shi ne talaucin. A wajajen 2012 bashin karatu a Amurka ya haura dala tiriliyan 1. Ko macen da take zaune a auren da yake ƙona ta, domin aure ne kaɗai aka taɓa nuna mata a matsayin inuwa.

To me ya hana su saki? A nan Berlant ta rabu da masana da yawa da suka gabace ta. Tsohuwar amsa ita ce an yaudari talaka, an rufe masa ido, da zai gane gaskiya da ya farka. Berlant ta ƙi wannan amsa. Mutanen da take karantawa a labarai sun san halin da suke ciki sarai, wasu ma sun fi mai nazarin sani. Abin da ya riƙe su shi ne burin nan ya zama ƙashin bayan rayuwarsu. Shi ya tsara musu ranaku, shi ya ba su amsar da za su bayar idan an tambaye su me suke yi a duniya. Wanda ya sake shi ya rasa har dalilin jure wahalar da ya riga ya sha. Da babu gara ba daɗi, in ji Bahaushe, kuma a kan wannan lissafi mutane da yawa suke kwana suna tashi.

A ganina darajar littafin a nan take. Akwai sauƙi ƙwarai mai ilimi ya zauna yana kallon waɗanda suke bin mafarkin da ba zai cika ba, ya kira su wawaye. Berlant ta kalle su da tausayi da girmamawa, kuma ta sa kanta da mai karatu cikin sahunsu, domin babu wanda ba ya riƙe da wani abu irin wannan.

Alkawarin da aka yi, da yadda ya zube

Ba za a fahimci littafin ba sai an san alkawarin da yake magana a kai. Takardar shelar 'yancin Amurka ta 1776 ta lissafa neman farin ciki cikin haƙƙoƙin ɗan Adam. Bayan Yaƙin Duniya na Biyu wannan magana ta sami nama da ƙashi. Dokar tallafa wa tsofaffin sojoji ta 1944 ta kai miliyoyin mutane jami'a, ta sauƙaƙa musu sayen gida, ko da yake baƙaƙen fata da yawa an tauye su a rabon. A Faransa shekaru talatin daga 1945 zuwa 1975 sun shahara da bunƙasar arziki. Ma'aikacin masana'anta ya iya sa ran aiki ɗaya har ritaya, da fansho, da gida, da 'ya'yan da za su fi shi. Wannan shi Berlant take nufi idan ta ce rayuwa mai kyau: ci gaba daga ƙasa zuwa sama, aiki tabbatacce, daidaito a gaban hukuma, da zaman aure mai ɗorewa.

Daga shekarun 1970 ginin ya fara tsagewa. Masana'antu suka yi ƙaura zuwa inda ƙwadago ya fi araha. A 1981 shugaban Amurka Ronald Reagan ya kori ma'aikatan kula da zirga-zirgar jiragen sama fiye da 11,000 da suka shiga yajin aiki. A Birtaniya gwamnatin Margaret Thatcher ta karya yajin aikin masu haƙar kwal na 1984 zuwa 1985. Aikin kwantiragi da na wucin gadi suka yawaita. A watan Satumba na 2008 bankin Lehman Brothers ya rushe, miliyoyin iyalai a Amurka suka rasa gidajen da suke biya a hankali. Abin da ya ɗauki hankalin Berlant shi ne hanyoyin cika alkawarin sun lalace, amma alkawarin yana nan daram a zukata da talla da fina-finai da jawaban 'yan siyasa. Mafi yawan ayyukan da ta nazarta na tsakanin 1990 ne zuwa lokacin da ta yi rubutun, wato zamanin da wannan giɓi ya fito fili.

'Yan'uwa biyu da dukiyar Miss Bailey

Cikin labaran da ta buɗe littafin da su akwai wani gajere mai suna Exchange Value na Charles Johnson, marubuci baƙar fata wanda ya ci babbar kyautar littafi ta Amurka a 1990. Labarin yana cikin tarin gajerun labaransa na 1986. Wasu 'yan'uwa biyu ne, Loftis da ƙanensa Cooter, matasa marayu a unguwar talakawa ta kudancin Shikago. Suka fasa ɗakin maƙwabciyarsu Miss Bailey, wata tsohuwa da kowa ya sani da bara, da niyyar sata. Suka tarar ta mutu a kan gado. Suka kuma tarar da ɗaruruwan dubban daloli da kayan alatu jibge a ɗakin. Ashe wani attajiri da ta yi wa aikatau shekara da shekaru ya bar mata gadonsa, ita kuma ta kasa taɓa ko sisi, ta ci gaba da yawo cikin tsumma.

Yaran suka kwashe kayan zuwa ɗakinsu. Cooter ya ɗebi kuɗi ya shiga gari, ya sayi riga mai tsada, ya ci abinci mai kyau. Da ya dawo, yayansa ya rufe shi da faɗa. Hujjar Loftis ita ce kuɗi yana da ƙarfi ne muddin ba a kashe shi ba, domin kafin ka saya komai yana iya zama naka, da ka saya kuwa ka rage wannan iko. Ya ƙara makullai a ƙofa, ya hana a taɓa dukiyar, ya fara fita cikin tsofaffin kaya. Kafin labarin ya ƙare, yaran sun kama hanyar zama Miss Bailey ta biyu.

Mai saurin hukunci zai ce labarin rowa ne. Berlant ta ga abin da ya wuce haka. Waɗannan yara sun taso suna kallon iyayensu suna aiki tuƙuru suna sha'awar abin da ba su taɓa samu ba har suka mutu. Abin da suka gada shi ne iya sa rai. Ba wanda ya koya musu yadda ake zama cikin wadata, domin duniyar da suka sani ba ta taɓa tanadar musu wannan matsayi ba. Da dukiyar ta zo, sai ta zo da firgici: idan aka kashe ta a koma ina? Ajiye ta ya ba su damar ci gaba da zama kusa da alkawarin ba tare da sun gwada shi ya ba su kunya ba. Duk wanda ya taɓa ganin mutumin da talauci ya daɗe yana dukansa ya sami abin hannu sannan ya kasa morarsa zai gane cewa Johnson bai yi ƙari ba.

Dorothy da Justine, sai kuma Rosetta

Babi guda Berlant ta ware wa littafin Mary Gaitskill na 1991, Two Girls, Fat and Thin. Mata biyu ne a birnin Nuyok, kowacce an ci zarafinta tana ƙarama. Dorothy, mai ƙiba, tana aikin dare na duba kurakuran rubutu, ta fake a cikin abinci da kuma koyarwar wata marubuciya mai wa'azin dogaro da kai mai suna Anna Granite, wadda Gaitskill ta ƙera a kan siffar marubuciya Ayn Rand. Justine, siririya, 'yar jarida ta ɗan lokaci, ta fake a cikin hulɗa da maza masu wulaƙanta ta. Sun haɗu ne saboda Justine tana rubuta rahoto a kan mabiyan Granite. Kowacce tana komawa ga abin da yake raunata ta, domin a nan ne kaɗai take samun ɗan sarari daga nauyin kanta.

Wannan ya haɗu da wani babin da ta kira mutuwar sannu a hankali, inda ta duba matsalar ƙiba a tsakanin ma'aikata talakawa a Amurka. Hukumomin lafiya suna magana kamar matsalar rashin kamun kai ce. Berlant ta ce a dubi ranar mutumin da ya yi aiki biyu, ya dawo a gajiye, abinci mai arha da maiƙo shi ne daɗin da ya fi kusa da hannunsa. Cin nan hutu ne na minti kaɗan daga dawainiyar zama mutum mai tsari, ko da yake yana rage masa kwana.

Ba littattafai kaɗai ta karanta ba, ta haɗa da fina-finai, kuma wanda ya fi zama a zuciya shi ne Rosetta na 'yan'uwan nan Dardenne na Beljiyam, wanda ya ci babbar kyautar bikin fina-finai na Cannes a 1999. Rosetta budurwa ce da take zaune a sansanin gidajen tirela da mahaifiyarta mashayiya. Ba ta neman arziki. Aiki take so na yau da kullum, mai albashi, irin wanda zai sa a lissafa ta cikin mutane. Wani saurayi mai suna Riquet, mai sayar da waina a rumfar wani, shi kaɗai ya nuna mata alheri. Ta je ta tona wa maigidansa asirin cewa yana sayar da tasa wainar a ɓoye, aka kore shi, aka ba ta gurbinsa. Ta sayar da abota ɗaya tak da take da ita don ta sayi zama kamar kowa. Fim ɗin ya girgiza Beljiyam har aka riƙa kiran wani shirin samar wa matasa aiki da sunanta. Abin da Berlant ta lura da shi mai ciwo ne: aikin da iyayen wani zamani suke kuka da shi saboda gajiyarwa, shi ne ya zama aljannar da 'ya'yansu suke faɗa a kai.

Me ya sa labaran ba sa ƙarewa kamar na da?

Berlant malamar adabi ce, don haka siffar labari ta dame ta kamar yadda abin da yake cikinsa ya dame ta. Kowane irin labari alkawari ne tsakanin marubuci da mai karatu. Labarin soyayya ya yi alkawarin aure. Labarin tasowar yaro ya yi alkawarin zai girma ya sami gurbi a cikin al'umma. Labarin ban tausayi ya yi alkawarin za a gane mai gaskiya ko da a makare. Idan rayuwa ta daina cika waɗannan alkawura, marubuci mai gaskiya ba zai iya ci gaba da rubuta su kamar ba abin da ya faru ba.

Abin da ya maye gurbinsu shi ne labarin cijewa. Mutum yana motsi, yana fita, yana cike takardu, yana amsa waya, amma ba ya gaba ba ya baya. A fim ɗin Laurent Cantet na 2001, wani magidanci Bafaranshe mai suna Vincent ya rasa aiki, ya ɓoye wa iyalinsa, ya riƙa sa kwat yana fita kullum yana kwana a mota, har ya ƙirƙiro cewa ya sami aiki da Majalisar Ɗinkin Duniya a Janiba. A littafin Colson Whitehead na 1999, The Intuitionist, da na William Gibson na 2003, Pattern Recognition, jaruman mata ne da suke rayuwa da kaifin ji, suna shinshinar abin da yake tafe domin ƙa'idojin da aka koya musu sun daina aiki.

Daga nan Berlant ta yi jayayya da wata mazhaba mai ƙarfi a nazarin adabi na shekarun 1990, wadda take kallon wahala a matsayin babban bala'i da yake faɗowa sau ɗaya ya raba rayuwa biyu, kamar yaƙi ko kisan kiyashi. Berlant ba ta musa irin wannan ba. Ta ce dai mafi yawan mutane ba haka wahala take zo musu ba. Tana zuwa ne a kuɗin haya, da kwantiragin da ba a san ko za a sabunta ba, da ciwon da ake ta ɗage zuwa asibiti a kansa. Rikici ya zama abin yau da gobe, mutane kuma suna ƙirƙiro dabarun lallaɓawa a cikinsa. Waɗannan ƙananan dabaru su take nema a cikin labari.

Masu auna farin ciki da lamba

Littafin Berlant ya fito ne daidai lokacin da gwamnatoci suka rungumi auna farin ciki. Tun 1974 masanin tattalin arziki Richard Easterlin ya nuna cewa ƙaruwar arzikin ƙasa a tsawon shekaru ba lallai ta ƙara yawan masu cewa suna jin daɗi ba. A 1998 Martin Seligman ya zama shugaban ƙungiyar masana halayyar ɗan Adam ta Amurka, ya yi kira a koma nazarin abin da yake faranta rai. A 2010 firaminista David Cameron ya umarci hukumar ƙididdiga ta Birtaniya ta fara auna walwalar jama'a. A 2012 aka fitar da rahoton farin ciki na duniya karo na farko, wanda yake jera ƙasashe bisa amsar da mutane suka bayar da aka ce su ɗora rayuwarsu a kan tsani daga 0 zuwa 10. Finland ce take kan gaba tun 2018.

Waɗannan alƙaluma suna da amfani, kuma gara gwamnati ta tambayi jama'a yadda suke ji da ta tsaya ga lissafin kuɗin shiga kaɗai. Amma akwai abin da tsanin ba ya gani. Da mai ƙidaya zai tarar da Rosetta a ranar da ta karɓi rumfar waina, da wataƙila ta ba shi lamba mai tsoka, kuma ba ƙarya ta yi ba. Takardarsa ba ta da gurbin rubuta Riquet. Labari ne yake da sararin nuna abin da aka biya, da wanda aka taka, da abin da zai faru bayan wata guda.

Shekara ɗaya kafin littafin Berlant, Sara Ahmed, wadda take koyarwa a Kwalejin Goldsmiths ta Landan a lokacin, ta fitar da The Promise of Happiness. Ita ta nuna yadda ake amfani da farin ciki a matsayin linzami. Idan iyaye suka ce wa 'yarsu farin cikinta kawai suke so, sau da yawa sun riga sun zaɓi hanyar da farin cikin zai bi, wadda ta kauce kuma ita za a kira mai ɓata wa kowa rai. Ana yawan karanta littattafan biyu tare.

Wani littafi da ya zo daga baya

Hanyar karatun Berlant ta fi bayyana ƙarfinta a kan ayyukan da aka rubuta bayan littafinta. Misali mafi kusa shi ne Behold the Dreamers na Imbolo Mbue, 'yar Kamaru, wanda ya fito a 2016 ya ci kyautar PEN/Faulkner a 2017. Jende Jonga ya baro garin Limbe ya zo Nuyok, ya sami aikin tuƙa wani babban jami'in Lehman Brothers a 2007. Matarsa Neni tana karatu da burin zama mai haɗa magunguna. Bankin ya rushe, aikin ya tafi, takardun zaman Jende suka ƙi samuwa. Ya shiga wankin kwanuka a gidajen abinci har jikinsa ya fara gazawa, sannan ya yanke shawarar komawa gida.

Neni ce ta ƙi. Don su zauna a Amurka, ta yi tunanin rabuwa da mijinta ta yi auren takarda, har ta yi tunanin ba da ɗansu riƙo ga wani Ba'amurke. Ta zo ƙasar ne don ta gina iyali mai walwala, sai ga ta tana shirin rushe iyalin don ƙasar. Mbue ba ta mayar da ita muguwa ba, ba ta kuma mayar da komawar Jende nasara ba. Ta bar mai karatu da nauyin abin, kuma wanda ya san ma'anar fata mai cutarwa zai ga Neni da idon rahama.

Inda ake sukar littafin

Suka ta farko a kan harshe ce. Rubutun Berlant yana da tauri, jimlolinta dogaye ne cike da kalmomin masana, har waɗanda Ingilishi ne harshen uwarsu suna kuka da shi. Wannan suka tana da tushe. Littafin da yake magana a kan masu wankin kwanuka da masu sayar da waina ya kamata ya fi haka sauƙin shiga.

Ta biyu a kan iyaka ce. Amurka da Yammacin Turai ne fagenta, ita ma ba ta ɓoye ba. Labarin alkawarin da aka yi aka saɓa ya dace da jikan ma'aikacin masana'antar mota a Detroit. A ƙasashen da yawancin jama'a ba su taɓa sanin aikin fansho ba, rashin tabbas ba sabon baƙo ba ne, kuma mutane sun daɗe da gina hanyoyin jingina da dangi da maƙwabta da abokan sana'a. Wanda zai ɗauko ra'ayinta ya kawo irin waɗannan ƙasashe sai ya fara tambayar wane alkawari aka yi wa mutanen wurin, wa ya yi shi, yaushe.

Ta uku ita ce wadda mai karatu Musulmi ko Kirista zai fi ji. Littafin bai ba addini wuri mai yawa ba. Ga mai imani, fata ba ta rataye a kan aiki ko gida kaɗai ba, yanke ƙauna daga rahamar Allah kuma haramun ne. Sai dai a yi mata adalci: Berlant ba ta yi kira a daina sa rai ba. Abin da ta ce a bincika shi ne inda aka ɗora ran. Malamanmu ma sun daɗe suna bambanta tawakkali da zaman tsammanin warabbuka, suna kuma gargaɗi kan dogon buri. Hanyoyin biyu ba daga tushe ɗaya suka fito ba, amma akwai zancen da za su iya yi da juna, kuma da littafin ya buɗe wannan ƙofa da ya fi haka faɗi.

Ba a kan adabin Hausa Berlant ta yi aikinta ba, amma littafinta na 2008, The Female Complaint, ya taɓo abin da masu karanta littattafan soyayya na Kano za su gane nan take. A ciki ta nazarci kasuwar labaran da mata suke rubuta wa mata a Amurka tun ƙarni na 19, inda ake kuka da abin da so da aure suka jawo, amma ba a taɓa sakin imani da so da auren ba. Dubi Alhaki Kuykuyo Ne na Balaraba Ramat Yakubu, na 1990. Alhaji Abdu ya kori matarsa Rabi da 'ya'yanta tara saboda amarya. Rabi ta kama sayar da abinci, ta tsaya da ƙafarta, ta aurar da 'yarta Saudatu gidan mutunci. Da gobara ta cinye dukiyar Alhaji Abdu, sai aka taru aka matsa wa Rabi ta koma. Wani zai karanta wannan a matsayin sakayya da rufin asiri. Wani zai tambaya ko Rabi ta samu ne ko ta rasa, kuma Balaraba ta rubuta ƙarshen yadda tambayar ba za ta kwanta ba.

Wace mafita ta kawo?

Ba ta kawo jerin matakai ba, kuma wasu sun riƙe wannan a matsayin gazawa. Dalilinta shi ne ba a raba mutum da burin da yake riƙe da shi ta hanyar hujja kawai. Sai an samar masa wani abin da zai dafa kafin ya saki na farko, wannan kuwa aikin jama'a ne da hukuma: albashin da zai isa, asibitin da ba zai talauta mutum ba, hanyoyin samun mutunci da ba su rataya a kan mallakar gida ko muƙami ba. Aikin marubuta a ciki shi ne su ƙirƙiro wasu siffofin rayuwa mai kyau da mutane za su iya sha'awa, domin ba a neman abin da ba a taɓa hasashensa ba.

A shekarunta na ƙarshe ta karkata ga wannan ɓangare. A 2019 ita da masaniyar al'adu Kathleen Stewart suka fitar da The Hundreds, tarin gajerun rubuce-rubuce da aka ƙayyade tsawonsu da ɗari-ɗari na kalmomi, suna gwada kama ƙananan abubuwan yau da kullum kafin su wuce. Littafinta na ƙarshe, On the Inconvenience of Other People, ya fito a 2022 bayan mutuwarta. A cikinsa ta duba takurar da zama da mutane yake jawowa, a gida da maƙwabtaka da siyasa, da yadda mutum zai sassauta riƙon da ya yi wa abin da yake so har ya iya sake masa siffa ba tare da ya jefar da shi gaba ɗaya ba.